Kek ɗin da Na Gasa a Gidan Makoki

Ƙwas, ƙwas, ƙwas. Ƙarar cokali ce a jikin gwangwanin madara, tana fitowa daga bayan rumbu. Duk abin da ya same mu a wannan shekara daga wannan 'yar ƙarar ya faro. Ranar kwanan Babanku biyu a kabari, ina zaune a kan tabarmar takaba a ɗakina, mata sun cika ɗakin sun cika tsakar gida, wannan ta shigo ta ce ya haƙuri, waccan ta fita tana share ido. Babu wadda ta ji ƙarar sai ni, ko kuwa sun ji sun ɗauka wasan yara ne. Ni na san ba wasa ba ne.

Kai Babangida da kai Nasiru, dominku nake rubuta wannan babi. Bara, ranar sunan ɗanka, kai Nasiru, ina alwala a gefen rijiya na ji wata yarinya daga dangin ubanku, wadda ko haifarta ba a yi ba a lokacin, tana nuna ni da baki tana ce wa ƙawarta wai ni ce matar da ta gasa kek ƙasar kabarin mijinta ba ta bushe ba, ta kuma ɗauke 'yarta ta watsar da maza biyu. Ashe har yau haka ake ba da labarin. Na kuma lura, duk tsawon shekarun nan babu ɗayanku da ya taɓa tambayata. Kun girmama ni, kun kai ni Makka, Allah ya yi muku albarka. Amma ba ku tambaya ba, na kuwa san dalili, tun kuna yara aka ba ku amsa. To yau ga tawa.

Kek ɗin ba wani abin a zo a gani ba ne. A sakandare na koya wurin malamar girki. Ita a murhun ƙarfe mai ƙofa take nuna mana, ni kuwa da aka kawo ni Malumfashi sai na mai da shi irin namu: tukunyar ƙarfe, wankakken yashi a gindinta, gwangwanayen madara da na yanke bakinsu na daddake don kada su yanki hannu, garwashi a ƙasa, garwashi a kan murfi. Ba launi, ba kwalliya. Abin da ya mai da shi namu shi ne abin da ake zuba masa. Babanku ba ya son busasshen abu, ya ce kek yana tsaya masa a wuya. Wata rana na narka mazarƙwaila da madara da ɗan man shanu da citta, na kwarara masa a kai da ɗuminta. Ya ci, ya suɗe yatsa, ya dube ni.

"Rabi, ashe shi ma miya yake so, muka bar shi yana ta shan wahala."

Tun daga ranar sunanta miyar kek a gidanmu. Duk ranar da ya kai masara kasuwar Bakori sai ya taho da mazarƙwaila, ni kuma duk Juma'a sai na gasa, ya sauko daga masallaci ya tarar. Ƙanwarku Ummi a lokacin ba ta shiga makaranta ba. Sunan mahaifiyarsa ta ci, shi ya sa ba ya kiranta sai Ummi. Ita ce mai aikin kira. Da na sauke tukunya sai ta ɗauki gwangwanin da babu komai da cokali, ta tsaya tana fuskantar ƙofar zaure tana bugawa. Ko da baƙi yake zaune sai ya miƙe ya shigo yana sauri kamar wanda ya yi laifi.

"Ku ba ni hanya, uwata tana kirana."

Ranar Laraba yana dawowa daga Bakori a kan mashin mota ta kaɗe shi. Kafin magariba an yi masa sutura. Aka miƙo mini abin da aka tsinto a bakin titi cikin buhu: hularsa, takalmi ƙafa ɗaya, da ƙullin leda. Na kwance ledar, mazarƙwaila ce, ɗaya ta fashe, sauran ko ƙwarzane babu. Na tura ta ƙarƙashin gado, don ba zan iya kallonta ba.

Tun da Ummi ta ga an fita da makara ba ta ƙara sa komai a baki ba, ba ta kuma ƙara cewa uffan ba. Ba kuka take ba, da kuka ne ma da sauƙi. Kun san al'ada, gidan da aka yi rashi ba a hura wuta sai an yi sadakar uku, maƙwabta ke kawo abinci. Al'ada ce mai kyau, ban taɓa kushe ta ba, ni ma na ɗauki kwano na kai gidaje da yawa. Tuwo ya shigo, waina ta shigo, fura da kunu kamar a yi wanka da su. Ku kun ci, Alhamdulillahi. Ita kuwa duk abin da aka nufo ta da shi sai ta juya fuska bango. Leɓɓanta suka tsattsage, idanunta suka faɗa, jikinta ya ɗau zafi. Ruwa ma sai ta kurɓa ta furzar.

Goggonku Hansai ce ke juya gidan a kwanakin. Yayar Babanku ce, daga Dayi ta zo, ita ta raine shi bayan rasuwar uwarsu, kuma ba zan yi mata ƙarya ba, ta so shi kamar ita ta haife shi. Ranar Alhamis ta gaji da lallashi, ta kwantar da Ummi a cinya, ta toshe mata hanci, ta tara hannu a bakinta tana kwarara kunu. Ɗura, irin wadda ake yi wa jarirai a da. Yarinya tana shure-shure, kunu yana fitowa ta hanci. Na fito da gudu.

"Yaya, don Allah ki bari, za ta shaƙe."

"Ke koma ki zauna. Mai takaba ba ta zarya a tsakar gida. Mu haka aka yi mana, ga mu nan da ranmu."

Ummi ta amayar da shi duka a zanen Goggo. Daga nan ko ni na miƙa mata hannu sai ta noƙe.

Washegari da hantsi na ji ƙarar nan. Na tashi na ratsa mata na zagaya bayan rumbu. Tana tsugune, ta fuskanci ƙofar zaure, ta buga, ta tsaya ta saurara, ta sake bugawa. Hannun ma ba ƙarfi. Sai a lokacin na tuna ranar Juma'a ce. Ni babba na manta, ita ba ta manta ba. Na durƙusa a gabanta na ce, Ummi, in gasa miki kek? Ta ɗago ta kalle ni, abin da ba ta yi ba tun ranar Laraba, ta miƙo mini gwangwanin.

Ku faɗa mini, wace uwa ce za ta karɓi gwangwanin nan ta koma kan tabarma?

Ban yi a ɓoye ba, kada wani ya ce muku na saci jiki. A gaban kowa na shiga ɗaki na jawo ledar nan daga ƙarƙashin gado, na ɗebo fulawa da sukari a langa, na zagaya akurki na ɗauko ƙwan kajina. Maza sun tafi masallaci, Goggo tana sashen yayan Babanku, Alhaji Ɗanlami, tana ɗan kishingiɗa. Na hura wuta. Na buga man shanu da sukari da muciya har ya yi fari ya tashi, na fasa ƙwai ɗaya bayan ɗaya, na tankaɗe fulawa da hodar tashi a kai, na goga gyaɗar ƙamshi. Hawaye na zuba ina kau da fuska don kada su ɗiga a ciki. Na shafe gwangwanaye da mai, na zuba kwaɓin rabi-rabi, na jera su a kan yashin da ya yi zafi, na rufe, na ɗora garwashi a murfi. A ƙaramar tukunya na farfasa mazarƙwailar da ya sayo, na ɗiga ruwa ta narke, na tace saboda tsakuwa, na mai da ita wuta da madara da citta da ɗan gishiri har ta fara kama bayan cokali. Ummi tana tsugune a gefena, ta riƙe bakin zanena. Matan da ke tsakar gida suka yi tsit suna kallo, kamar wuta nake sa wa gidan.

Kek ba ya ɓoye kansa. Ƙamshi ya cika tsakar gida, ya haura katanga, ya isa zaure daidai lokacin da maza suka sauko daga masallaci suna zama karɓar gaisuwa. A wurinmu kuwa kun sani, ba a jin wannan ƙamshin sai ranar suna ko sallah ko in ana haɗa garar amarya. Na soka tsinken tsintsiya ke nan na ga ya fito fes, sai ga Goggo ko mayafi babu.

"Innalillahi wa inna ilaihi raji'un! Wa ya haihu a gidan nan? Biki ake ba a gayyace ni ba?"

"Yaya, Ummi ce. Shi kaɗai nake jin za ta ci."

"Ummi! Da Ummi za ki fake? Ƙanena ko sadakar uku ba a yi masa ba kina gasa kayan gara? Ku ji ta tana ta ƙamshi, wai mai takaba!"

"Ba turare ba ne, Yaya, gyaɗar ƙamshi ce. Ki dubi idon yarinyar nan. In ba ta ci ba za mu sake fitar da wata gawar."

"Rufe mana baki, 'yar boko. Dama kin gaji da shi, yanzu kin samu sarari."

Wannan kalmar ta ƙarshe, har na koma ga Allah ba zan manta da ita ba. Mutumin da takalminsa ƙafa ɗaya ke ƙarƙashin gadona. Ta sunkuya ta ɗauki bokitin wanke-wanke. Na ga abin da za ta yi, na ture murfin, na cusa hannu na damƙo gwangwani ɗaya da tafin hannuna haka nan ba tsumma. Ruwan ya sauka a kan sauran, toka da tururi suka tashi. Tabon nan na hannun damana da kuke gani tun kuna yara, wanda aka ce muku man suya ne, bakin gwangwanin ne. Ku duba da kyau, zagaye yake.

Ba ruwan da Goggo ta watsa ne ya fi ci mini rai ba. Ita ɗan'uwanta ta rasa, hankalinta ba ya jikinta. Abin da ya fi ci mini rai matan da ke zaune ne. Akwai wadda na kwana biyu ina gasa wa kek na garar 'yarta ban karɓi ko sisi ba. Akwai wadda da hannunta ta taɓa goshin Ummi da safen nan ta ce yarinyar nan tana jin jiki. Dukansu sun ga gwangwanin, sun ga leɓɓan yarinyar. Babu wadda ta buɗe baki ta ce Hansai tsaya. Suka sunkuyar da kai suna jan carbi.

Miyar tana gefe, ruwan bai same ta ba. Na ɗauke ta, na ja Ummi muka shige ɗaki. Na juye kek ɗin a kwano, na kwarara masa miyar da ɗuminta, ta gangara ta taru a gindi. Ummi ta daɗe tana kallo. Ta sa yatsa ta lasa. Ta sake sawa. Sai ta gutsira. Wallahi ina jin ƙarar haɗiyarta. Ta ci rabi, ta ture sauran rabin gefe, ta jawo faifai ta rufe. Ban tambaye ta na wane ne ba. Ta kwanta a cinyata ta yi barci, da la'asar ta farka ta sha kunu da kanta. Na yi sujada hannuna yana raɗaɗi.

Kafin sadakar bakwai labari ya gama gari, ya kai Dayi, ya kai har Funtua wurin iyayena. A bakin wasu ma har da waƙa nake yi ina gasawa. Limamin unguwarmu ya shigo yi mini gaisuwa, na tambaye shi ta bayan labule ko na yi saɓo.

"Ba ki yi ba, 'yata. Ado aka hana mai takaba, da turare, da kwana a wani gida. Ba a hana ta ciyar da 'yarta ba. Rashin hura wuta kuwa sauƙi ne aka yi wa masu rashi, ba farilla ba ce."

"To Malam, ka faɗa wa Alhaji haka, a zaure, a gaban mutane."

Na ji yana gyara takalmi.

"Ki yi haƙuri. Maganar cikin gida ce."

Kullum da yamma a zauren Alhaji yake zama. Kalma uku daga bakinsa da ta kashe maganar. Ya san gaskiya, ya faɗa mini ita a hankali ta bayan labule inda ba ta da amfani, ya fita da ita a aljihu.

Bayan arba'in Alhaji Ɗanlami ya tara mu a kan maganar marayu, kamar yadda ake yi. Mahaifina ya zo daga Funtua. Ina daga ƙofar ɗaki a lulluɓe. Alhaji bai ɗaga murya ba, shi dama ba ya ɗagawa.

"Rabi, mun duba. Ummi sunan uwarmu gare ta, Hansai za ta tafi da ita Dayi ta riƙe. Ke ki zauna a ɗakinki da mazan, ba mai korarki."

"Yaya Alhaji, yarinyar nan har yau ba ta cin abinci sai daga hannuna."

"Abin da ya sa ke nan. Kin sangarta ta har kin kunyata mu a gaban gari saboda ita."

"Addini ya ba ni riƙonta, kai ma ka sani."

"Ba karatu muka zo ba. In kin kafe sai da ita, to in kin fita takaba ki tafi da ita gidanku. Amma mazan 'ya'yan gidan nan ne, gonar ubansu tana nan. Ki zaɓa."

Na dubi mahaifina. Tsoho ne, mai gudun fitina. Daga baya ya ce mini shi ba zai tsaya da surukansa gaban alƙali ba, kuma in na je ni kaɗai ku za a riƙa nunawa a gari. Ga abin da nake so ku gane. Ba a ce mini zaɓi tsakanin zama da tafiya ba. An ce mini zaɓi wanda za ki rasa. Sauran watannin takabar nan ina kallonku ku uku ina aunawa, kamar uwa tana iya auna 'ya'yanta. Ku kuna ci, kuna zuwa makaranta, kuna da junanku, kai Babangida har ka fara riƙe fartanya. Ita kuwa in ta hango Goggo daga nesa sai ta toshe bakinta da hannu biyu. Na san abin da zai faru a Dayi ranar farko da ta juya fuska bango. Na yi istihara, na sake yi. Zuciyata ba ta taɓa nuna mini wata hanya ba. Da na bar ta, da yau ba ku da ƙanwar da kuke kai wa 'ya'yanku hutu.

Ranar da zan tafi aka tashe ku da sassafe aka tura ku gona ɗaukar kara. Na jira har rana ta take, direba yana ta matsa oda a ƙofar gida. Alhaji ya ce in ana ganin juna kuka zai yi yawa. An ce muku na tafi ban nemi sallama da ku ba. Na gasa muku kek a ranar, kowa nasa, da miyarsa a kwanon sha, na damƙa wa matar Alhaji. Har yau ban sani ba ko ya iso bakinku. Duk sallah ina aikowa da shi tare da 'yan riguna. Rigunan suna zama, kwanon yana dawowa ba a buɗe ba. Sai da kuka girma kuka iya shiga mota da kanku kuka zo Funtua, kuna gaishe ni a durƙushe kamar baƙi.

Goggo ta rasu, Alhaji ya rasu, liman ya rasu. Na yafe musu don Allah, ina sa su a addu'a, ina fatan ni ma a yafe mini nawa. Amma ban yarda na yi laifi ranar Juma'ar nan ba, ba kuma zan yarda ba don a ji daɗin zama. Mutanen da suka ga yarinya tana ƙarewa a gabansu suka fi damuwa da abin da hancin baƙi zai ji a zaure, su ne ya kamata a riƙa nunawa da baki a gidan suna. In yau aka mai da ni bayan rumbun nan, zan sake karɓar gwangwanin.

A Funtua na daɗe ban gasa ba, ko tukunyar ba na son gani. Ummi ce ta matsa, lokacin ta murmure har ta fara surutu. Wata Juma'a na wanke yashi na hura wuta a gidan mahaifina. Ina sauke tukunya sai na ji ƙwas, ƙwas, ƙwas a bayana. Na juya, ga ta tsaye da gwangwani da cokali, ta fuskanci ƙofar gida tana bugawa da ƙarfinta. Na ce a raina shi ke nan, mun koma baya. Na durƙusa na riƙe hannunta, ina neman kalmar da zan sake gaya mata cewa wanda take kira ba zai shigo ba. Ta zare hannunta ta dube ni kamar ni ce yarinyar.

"Inna, ba Baba nake kira ba, na san ba ya zuwa. Su Yaya nake kira. Ki ajiye musu nasu."